Me ya hana a lulluɓe kumbon zuwa Mars da dalma a huta da matsalar radiyeshon?

Mai Neman Sani:

Assalamu alaikum. Akwai abin da ya ɗaure mini kai game da shirin tura mutane duniyar Mars. Duk inda aka tattauna batun sai a ce radiyeshon ne babban cikas. To amma a asibiti, ɗakin ɗaukar hoton ƙirji dalma ake sa wa bangonsa da ƙofarsa, ma'aikaci ya saka rigar dalma, magana ta ƙare. Me ya hana a yi wa kumbo haka? Nauyi ne kaɗai ko da wani dalili? Na biyu, 'yan Apollo sun ratsa ɗamarar Van Allen, sun je wata sun dawo, da yawansu ma sun haura shekara 80 a duniya. In abin mai kisa ne, ya aka yi suka tsira? Don Allah masana a yi mana bayani da alƙaluma, kada a tsaya a kan "yana da haɗari" kawai.

Malamin Fizis:

Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, fara riƙe ma'aunin tukuna. Illar radiyeshon a jiki da milisibat ake auna ta, a taƙaice mSv. Mutumin da ke zaune a doron ƙasa yana samun kimanin 2.4 a shekara, daga ƙasa da iska da abinci da sama. Hoton ƙirji ɗaya bai wuce 0.1 ba, na CT kuwa wajen 7. Ma'aikacin ɗakin hoto ba a so ya haura 20 a shekara idan aka raba a kan shekara biyar. Wanda ya yi wata shida a tashar sararin samaniya ta ISS, kilomita 400 sama da mu, yana dawowa da kimanin 80 zuwa 160, gwargwadon halin da rana take ciki.

Na Mars ba hasashe ba ne, an auna. Motar Curiosity da aka harba a Nuwamban 2011 tana ɗauke da na'ura mai suna RAD, kuma an kunna ta tun a hanya tana cikin kumbo. Ta auna kusan 1.8 a kowace rana a hanya, sannan wajen 0.64 a rana bayan ta sauka a ramin Gale a Agustan 2012. Yi lissafin da kanka: kwana 180 zuwa, 180 dawowa, wajen 660 ke nan, zaman kwana 500 a can ya ƙara 320. Jimilla kusan 1,000. Iyakar da hukumar NASA ta sa wa ɗan sama jannati a duk tsawon aikinsa 600 ce.

Abubuwa uku ne ake fama da su, kuma kowanne da halinsa. Akwai ɗamarar Van Allen, inda maganaɗisun duniya ya tsare furoton da ilektiron. Akwai guguwar rana, wadda ke zubo furoton masu yawa cikin 'yan sa'o'i ko kwanaki sannan ta lafa. Sai kuma hasken kosmik da ke zuwa daga wajen tsarin rana, wanda ba ya tsayawa dare da rana, ta kowace kusurwa.

Maganar Apollo mai sauƙi ce. Ɗamarar wuri ce sananne, an ratsa ta cikin 'yan sa'o'i, ta gefen da ba ta da kauri sosai. Tafiyar da ta fi daɗewa, Apollo 17, kwana 12 da rabi ce. Waɗanda suka fi kowa sha, 'yan Apollo 14, sun samu rad 1.14 a fata (rad wani ma'aunin radiyeshon ne), kwatankwacin hoton CT ɗaya ko biyu. Akwai kuma sa'a a ciki: a Agustan 1972 rana ta yi ɗaya daga cikin guguwa mafi muni da aka taɓa aunawa, tsakanin Apollo 16 na Afrilu da Apollo 17 na Disamba. Da ta samu mutane suna tafiya a doron wata cikin rigar sama jannati, da labarin ya sha bamban.

Yanzu ga dalma. Abin da injin asibiti ke fitarwa haske ne mai ƙarfi, ba shi da nauyi, kuma milimita ɗaya ko biyu na dalma ya isa ya shanye shi. Hasken kosmik kuwa cibiyoyin atom ne da ke gudu kusa da gudun haske: kusan kashi 87 cikin ɗari furoton, kashi 12 hiliyam, kashi 1 masu nauyi irin su kabon da oksijin da baƙin ƙarfe. Furoton mai ƙarfin MeV 100 (MeV ma'aunin ƙarfin ƙwaya ne) yana tsayawa bayan santimita 8 a cikin ruwa, mai 200 bayan santimita 26, mai 1,000 sai ya ci fiye da mita 3. Hasken kosmik a wannan mataki na ƙarshe yake da yawa. Idan irin wannan ya daki cibiyar atom ɗin dalma, mai furoton 82 da niyutiron sama da 120, sai ta tarwatse ta fesa niyutiron da gutsattsari zuwa cikin ɗakin. Kamar ka kare kanka daga jifa da tulu ne: dutse ɗaya aka jefo, kasko ashirin suka same ka.

Shi ya sa ake neman abu mai yawan haidirojin, wanda cibiyarsa furoton ɗaya ce tak, babu niyutiron da zai feso. Ruwa ke nan da foliyetilin, robar da ake yin jarka da ita. Kilo ɗaya nasu ya fi kilo ɗaya na alminiyam aiki, balle dalma. Amma ko su ɗin amfaninsu yana da iyaka. Kauri ana auna shi da giram a kan kowace murabba'in santimita: giram 20 daidai yake da santimita 20 na ruwa, ko 7.4 na alminiyam. Giram 10 zuwa 20 na farko suna rage wani abu. Daga nan ƙarin kauri kaɗan yake ragewa, a alminiyam ma lissafi ya nuna adadin yana sake hawa saboda niyutiron. Mu iskar da ke kanmu giram 1,000 ce, wato ruwa mai zurfin mita 10, tan 10 a kowace murabba'in mita. Ɗaki mai faɗin mita 4 da tsawon mita 8 yana da jiki wajen murabba'in mita 126. In za a ba shi kariya irin ta iskarmu, aƙalla tan 1,260 ke nan, kusan ninki uku na tashar ISS gaba ɗayanta.

Likita:

Malam ya gama da ɓangaren garkuwa, bari in ɗora da abin da ke faruwa a jiki, don a nan ne rashin tabbas ya fi yawa.

Illa iri biyu ce. Ta gaggawa guguwar rana ce ke kawo ta. Idan jiki duka ya sha kusan gire 1 (ma'aunin yawan radiyeshon da jiki ya shanye) cikin ɗan lokaci, tashin zuciya da amai da kasala ke farawa cikin sa'o'i. Amai a cikin hular rigar sama jannati kansa haɗari ne, don yana iya toshe numfashi ya kuma rufe gani. Daga nan sai ɓargo ya karaya, fararen ƙwayoyin jini su faɗi cikin makonni, ƙananan cututtuka su zama manya, jini ya daina daskarewa yadda ya kamata. A wajen gire 4, in babu magani, rabin mutane ba sa tashi. Shi ya sa iyakar ɓargo a kwana 30 aka tsayar da ita a kwatankwacin rubu'in gire. Magungunan sanannu ne: ondansetron don amai, filgrastim don tayar da ɓargo, sai maganin ƙwayoyin cuta. Matsalar ita ce babu bankin jini, babu asibitin da za a tura mutum, saƙo zuwa duniya na iya cin minti 22 kafin ya isa, kuma wasu magunguna suna rasa ƙarfi in sun daɗe a sama. Ga shi zama babu nauyi shi kansa yana raunana garkuwar jiki.

Ta biyu ita ce ta dogon lokaci, kuma hasken kosmik ne tushenta. Lissafin da ake amfani da shi a duniya shi ne kowane mSv 1,000 yana ƙara haɗarin mutuwa da ciwon daji da kimanin kashi 5 cikin ɗari. Amma ɗan'uwa ka san daga ina aka samo wannan? Akasari daga bin diddigin mutum kusan 120,000 na Hiroshima da Nagasaki, waɗanda suka sha hasken gamma na bom ɗin nukiliya cikin ƙiftawar ido. Ɗan sama jannati kuwa a hankali yake sha, tsawon shekaru, kuma nau'in daban ne. Ɓarnar ƙwaya mai caji tana hawa ne da murabba'in cajinta. Baƙin ƙarfe cajinsa 26, don haka yana zuba ƙarfi ninki 676 na furoton mai gudu iri ɗaya, duk a kan layi guda siriri. Hoton asibiti yana warwatsa ɓarnarsa, ya yanke DNA nan da can, ƙwayar halitta ta ɗinke. Wannan kuwa yana yanke igiyoyin biyu a wurare da yawa dab da juna, gyaran ya zo da kuskure, a haɗa guntun wannan kuromosom da na wancan. An ƙiyasta cewa a can nesa, kowace ƙwayar halitta furoton yana ratsa cibiyarta duk bayan 'yan kwanaki, mai nauyi kuma duk bayan 'yan watanni.

Abin da aka gani a jikin mutane kaɗan ne amma tabbatacce. Tun Apollo 11 Buzz Aldrin ya ba da labarin walƙiyar da yake gani ido a rufe, ƙwayoyin nan ne ke ratsa idon. Binciken Francis Cucinotta na 2001 ya nuna yanar ido tana zuwa da wuri ga waɗanda idonsu ya sha fiye da mSv 8. A binciken tagwaye, Scott Kelly da ya yi kwana 340 a ISS ya dawo da sauye-sauye a kuromosom ɗin fararen ƙwayoyin jininsa da ba su gushe ba bayan watanni. Saura, wato ƙwaƙwalwa da zuciya, daga ɓeraye muke ji. A ɗakin gwajin NASA da ke Brookhaven, wanda aka buɗe a 2003, ana harba wa ɓeraye irin waɗannan ƙwayoyi, kuma an ga rassan jijiyoyin ƙwaƙwalwa sun ragu, tunawa ta yi rauni. Sai dai ɓera kan sha cikin mintuna ko makonni abin da mutum zai sha cikin shekara uku. Mutanen da suka je wata a zamanin Apollo 24 ne kacal, duka maza. Ba a gina ƙididdigar ciwon daji a kan mutum 24.

Injiniya:

Likita, Allah ya saka da alheri. Ni ɓangaren guguwar rana zan taɓa, don shi ne wanda injiniya zai iya cewa ya kusa shawo kansa, in an bi tsari.

Ba a kauraye kumbo duka. Ana ware lungu ɗaya. Ɗaki mai mita 2 ta kowane gefe jikinsa murabba'in mita 24 ne. A giram 20, wato kilo 200 a kowace murabba'in mita, tan 4.8 ya isa. Kuma ba sabon kaya za a ɗauko ba: ruwan sha, abinci, tufafi, har shara da bayan gida, duk haidirojin ne. Rashawa sun gwada wannan a sashensu na Zvezda, suka jera tawul da tsumman goge jiki masu ruwa, a cikin ledojinsu, jikin bangon ɗakin barci. Adadin ya ragu da kusan kashi ɗaya cikin uku. A ɓangaren Amurka kuma foliyetilin aka shimfiɗa wa ɗakunan barci.

A kumbon Orion na NASA tsarin shi ne: na'urar auna radiyeshon mai suna HERA ta yi ƙara, ma'aikata su buɗe ma'ajiyar da ke ƙarƙashin daɓe, su kwashe jakunkuna, su shiga ramin, su jera jakunkunan a kansu da gefensu. Garkuwar zafi mai kauri tana kare su ta ƙasa. Ana so a gama cikin rabin sa'a zuwa sa'a ɗaya, kuma za a iya zama a ciki har kwana guda. Ma'aunin da ake gwada zanen da shi guguwar Oktoban 1989 ce, kuma sharaɗin shi ne kada mutum ya haura mSv 250 a guguwa ɗaya.

Wuraren da abin ke lalacewa sanannu ne. Rata tsakanin jakunkuna: furoton na guguwa ba daga wajen rana kawai suke zuwa ba, suna juyawa ne a kan layukan maganaɗisu, bayan ɗan lokaci ta ko'ina suke shigowa, don haka ɓangare ɗaya da aka bari a buɗe ya ɓata aikin. Iska: inda babu nauyi, iskar da mutum ya fitar ba ta tashi ta tafi, tana taruwa ne a gaban fuskarsa, dole a ja bututun iska zuwa cikin ramin. Sannan garkuwar da aka yi da ruwa da abinci tana raguwa yayin da ake ci ana sha. In ba a mayar da shara da ruwan da aka tace gurbin abin da aka cinye ba, a hanyar dawowa bangon ya zama fanko.

Mafi wuya shi ne gargaɗi. Hasken fashewar rana yana isowa cikin minti 8, furoton masu tsananin gudu kuma suna iya biyo baya cikin ƙasa da rabin sa'a, kamar yadda aka gani ranar 20 ga Janairun 2005. Taurarin ɗan'adam na GOES suna ƙirga furoton, hukumar yanayi ta Amurka, NOAA, ta fitar da matakin ƙarfin guguwar daga S1 zuwa S5, ƙungiyar masu lura da radiyeshon ta NASA, SRAG, a Houston ta ba ma'aikata umarni. Ilektiron sukan riga furoton isowa, wannan kan ba da gargaɗin mintuna kaɗan zuwa sa'a guda. Amma duk waɗannan idanu kusa da duniya suke. Idan Mars tana ɗaya gefen rana, guguwar da za ta same ta ba lallai mu gan ta ba, in ma mun gani saƙon zai makara. Dole kumbon ya ɗauki na'urorinsa, ma'aikata su yanke hukunci da kansu. Na'urorin ma ba su tsira ba: MARIE, wadda aka ɗora wa kumbon Mars Odyssey don auna radiyeshon, guguwar Oktoban 2003 ce ta kashe ta.

Tafiyar Artemis I, wadda kumbon Orion ya yi zuwa wata ba tare da mutane ba a ƙarshen 2022, ta ba da alƙaluma masu amfani. Mutum-mutumi biyu, Helga da Zohar, suka yi tafiyar kwana 25, Zohar sanye da rigar kariya daga radiyeshon mai suna AstroRad. A cikin ɗamarar furoton, bambancin lungun da ya fi kariya da wanda ya fi rauni a cikin kumbon ya kai ninki huɗu, kuma juya kumbon da digiri 90 kawai ya rage adadin da rabi.

Mai Neman Sani:

Na gode ƙwarai, malamai. Yanzu na gane maganar dalma. To in haka ne, ba sai a jira lokacin da rana ta lafa a yi tafiyar ba, tunda an ce zagayenta shekara 11 ne? Kuma in an isa Mars, a tona rami a zauna a ƙarƙashin ƙasa, ba shi ke nan ba?

Malamin Fizis:

Akasin haka ne, ɗan'uwa. Lokacin da rana ta fi tashin hankali, maganaɗisunta yana ƙarfi ya kore wani kaso mai yawa na hasken kosmik daga tsarin rana. In ta lafa sai ya kwararo. To guguwa akwai mafakarta, hasken kosmik babu, don haka masu lissafi da yawa sun fi son a tafi lokacin da rana ke kan ganiyarta, da sharaɗin mafakar ta yi kyau. Amma damar harbawa zuwa Mars duk bayan wata 26 take zuwa, ba a zaɓen rana yadda aka ga dama.

Maganar rami daidai ce, da gyara ɗaya. A doron Mars duniyar kanta ta tare rabin sama, iskarta kuma, wajen giram 20, tana tare yawancin furoton na guguwa. Ranar 20 ga Mayun 2024 wata babbar fashewa ta sa RAD ta auna maikirogire 8,100 (maikirogire miliyan ɗaya ne gire 1), kuma shi ne mafi girma da ta gani tun saukarta har zuwa lokacin. Wata ba shi da iska ko kaɗan. Na'urar da kumbon Chang'e 4 na Sin ya sauke a 2019 ta auna wajen mSv 1.4 a rana. Gyaran shi ne ƙasa siririya ba ta da amfani: santimita 30 ko 50 a kan rufi na iya ƙara niyutiron, irin matsalar dalma. Sai ta kai mita biyu, uku zuwa sama. Hakan na nufin injin tona ƙasa ya riga mutane isa, ko a samu kogon da aman dutse ya bari.

Ko an yi duk wannan, dubi lissafin farko: 660 daga cikin 1,000 a hanya ake shan su, inda babu ƙasar tonawa. Abin da zai rage su da gaske shi ne gajarta tafiyar. Injin nukiliya mai dumama haidirojin yana ba da kusan ninki biyu na ingancin injin roka na yau. Amurka ta gwada shi a ƙasa ƙarƙashin shirin NERVA a shekarun 1960, aka soke shirin a 1973, kuma har yau babu irinsa da ya tashi.

Likita:

Ina so a lura da abu ɗaya game da wannan 600 ɗin, don mutane na ɗaukar ta kamar layin da ke raba lafiya da cuta. Kafin 2022 iyakar NASA tana bin shekaru da jinsi: wajen 180 ga mace mai shekara 30, kusan 700 ga namiji mai shekara 60, saboda nono da ƙwan mace da huhu sun fi saurin kamuwa, kuma matashi yana da sauran shekarun da cutar za ta bayyana. Bayan rahoton kwamitin masana na 2021 aka mayar da ita 600 ga kowa, an gina ta a kan mace mai shekara 35 da ƙarin haɗarin kashi 3 cikin ɗari. Turai da Rasha 1,000 suke amfani da ita. Jikin mutum bai canza ba, abin da aka yarda a ɗauka ne ya bambanta.

Tafiyar Mars da fasahar yau za ta haura 600, ke nan sai an ba da izini na musamman. A ganina izinin ba zai halatta ba sai an cika sharuɗɗa: a gaya wa mutum alƙaluman tare da faɗin rashin tabbas ɗinsu, ba matsakaicin kawai ba, a ɗebi jininsa kafin tafiya da bayanta a ƙirga kuromosom da suka karye, a gwada da abin da na'urar jikinsa ta auna, a ajiye masa ƙwayoyin ɓargonsa da na haihuwa kafin ya tashi, sannan hukuma ta ɗauki nauyin duba idonsa da zuciyarsa da gwajin ciwon daji har ƙarshen rayuwarsa, don cutar da radiyeshon ke jawowa tana iya ɗaukar shekara 10 zuwa 30 kafin ta fito.